Keken Hiniya Mai Ja Hagu

A garinmu na masu haƙar fosfat, dutsen nan da ake takin zamani da shi, can wajen Gafsa, idan ka ce aikin Tuhami ya karkace, dubanka za a yi kamar ka sha wani abu. Shekara talatin da ɗaya ya yi yana ɗinkin bel, doguwar robar nan mai faɗin tabarma da ke kwaso dutse daga bakin rami ta kai shi wurin wanki. Bel ya tsinke, gari ya tsaya ke nan. Sai a tura a kira Tuhami, ya taho da wuƙarsa da zaren alli da gwangwanin gam, ya fere bakunan biyu hawa-hawa, ya haɗa, ya danne, ya ce a tayar da inji. Wanda bai ƙware ba, idan ya kuskure da faɗin ƙwayar alkama wajen yanka, bel ɗinsa zai yi ta zamewa gefe har ya zubar da kaya. Na Tuhami kuwa, ka ɗora kofin shayi a tsakiya, a tsakiyar zai isa ƙarshe. An gwada, wallahi. Wani matashin injiniya ne ya yi musu, kuma shi aka sa ya bi bel ɗin da gudu ya shanye shayin.

Ubansa mahaƙi ne, kakansa ma haka. Shi kansa yana ɗan shekara goma sha bakwai ya shiga rami yana tura tarago a kan dogo, har ranar da wani tarago ya tafi da rabin ɗan yatsansa na hagu, aka mai da shi sama wajen masu bel. Gajere ne, gashin bakinsa ya fi ƙarfin fuskar, jar hularsa kuma ba ta barin kansa sai wajen alwala. Ba shi da gona, ba shi da murya, karta ma bai iya ba, duk da kullum yana shagon gahawa ana cinye shi. Abu ɗaya yake taƙama da shi a duniya, hannunsa ba ya yanka karkatacce.

Da ya yi ritaya, hannun bai yi ba. Tsohon bel ai ba ya yankewa a garinmu, idan ya gama aikinsa bayan gari ake jibge shi, kowa ya je ya yanki rabonsa. Da shi muke rufin akurki, da shi muke kwamin awaki, shi ne ƙasan takalman rabin garin. Amma Tuhami ya wuce gona da iri. Guga na bel, kujera ta bel, labulen banɗaki na bel. Har marfin tukunya ya taɓa yi, aka kwana uku ana cin kuskus mai warin taya.

"Saura likkafani," in ji matarsa. "Ranar da ka mutu da bel zan sa a naɗe ka, mu ga ko ƙasa za ta karɓa."

Matar ita ce Hiniya 'yar Mas'udu, masaƙiyar darduma, wadda Allah ya ba hannu ya kuma ba baki, kuma har yau ba a daidaita kan wanne ya fi kaifi ba. Washegarin aurensu ta gan shi ya cire hula zai yi alwala, ta dube shi sama da ƙasa, ta ce, "Au, ashe hular ce tsawon." Daga ranar ba ta huta ba, shekara arba'in da huɗu. Kada ku ji tausayinsa, domin da wannan bakin yake rayuwa. Wasu mazan kan zo shagon gahawa da labarin ƙwallo, shi da zagin safe yake zuwa, yana ba da shi yana shafa gashin baki.

"Yau me ta kira ka?" Lazhar ne mai tambaya, abokinsa tun na rami, mai shagon walda a gefen tasha.

"Tsohuwar ƙusa. Wai ba na shiga ba na fita."

"Kai, matar nan! Allah ya ƙara mata lafiya."

Mutum ɗaya ce tak ke iya tsayawa gaban Hiniya a faɗa, yayarta Rabha, ita ma masaƙiya, wadda mijinta ya daɗe da rasuwa. Gidajen biyu suna kallon juna, fili ne kawai tsakani, filin nan mai tsakuwa da yashi da ƙaya inda ko jaki sai ya zaɓi wurin taka ƙafa. Amma shekara goma sha ɗaya ba wadda ta ƙetare shi. Da mahaifiyarsu ta rasu, ta bar ƙarfen saƙarta, mai haƙora kamar mataji, mai nauyi, wanda ake dokan zare da shi ya zauna. Kowace ta rantse ita aka ce wa. Ranar sadakar uku Rabha ta sa shi cikin mayafi ta wuce gida, shi ke nan. Hiniya ta sa Tuhami ya toshe tagar da ke kallon filin, ya toshe da bel. Sunan yayarta ma ya fita daga bakinta, sai dai "waccan."

To, sai ciwon suga. Ya faro daga ɗan yatsa kamar wasa, kafin damina ta zagayo an yanke mata ƙafar dama daga ƙasan gwiwa. 'Yarsu Najat da ke aure a birnin Safakis ta aiko da keken guragu, sabo fil, yana walƙiya, da siraran tayoyi na iska. Keken kirki ne, amma don daɓen asibiti aka yi shi. Ranar farko da Tuhami ya turo ta waje, taku biyar ba su yi ba ƙaya ta sace tayoyin biyu, ƙananan na gaba suka nutse a yashi, keken ya tuntsura. Hiniya ta faɗi rub da ciki a gaban matan unguwa, zane ya yaye, dungulmin ƙafar ya fito fili. Kuma a can ƙetaren fili an ga ƙofar Rabha ta ɗan buɗe, ta sake rufewa.

Tun daga ranar Hiniya ba ta sake fita ba. Wannan da sauƙi. Abin da ya tayar wa Tuhami hankali shi ne ta yi shiru. Masaƙarta na jingine da bango da rabin darduma a jiki, ƙura na hawa. Tana zaune ta juya wa ƙofa baya, abinci sai ta tsakura ta ture. Ya yi duk abin da ya sani. Ya zuba gishiri a shayinta, ta shanye. Ya shanya safarsa a kan masaƙa, abin da da can sai an kira maƙwabta rabon faɗa, ba ta ko ɗaga kai ba. Ya shigo da akuya har tsakar ɗaki ya ce wai sanyi take ji. Hiniya ta dubi akuyar, ta dube shi, ta ce a hankali, "Allah ya yi maka albarka, Tuhami. Kana wahala da ni."

Ranar ya koma bayan ɗaki, ya zauna a kan naɗin bel, ya yi kuka kamar yaro. Ya ga mutuwa a rami ba sau ɗaya ba, ya san yadda mutum yake idan ya saki, kuma ya san matarsa ta fara saki.

"Yau me ta kira ka?" in ji Lazhar da safe.

"Albarka ta sa min."

Lazhar ya ajiye kartar hannunsa. "Inna lillahi. Tun yaushe?"

"Wata huɗu ke nan ko tsaki ban samu ba."

"To ai kai ba ka isa ka kunna ta ba, mai bel. Kai ruwa ne. Wuta ake nema."

Tuhami ya san inda wutar take. Da hantsi ya faki ido ya zagaya ta bayan masallaci, don kada a gan shi yana ƙetare fili, ya yi sallama a ƙofar Rabha. Ya same ta inda take zama kullum a wannan lokaci, a bakin ƙofa, da faffaɗan akushi a gabanta tana murza kuskus.

"Yaya Rabha, barka da hantsi."

"Wane ne? Au, gajeren nan ne. Ita ta aiko ka?"

"Ba ta san na zo ba. Yaya, ki taimaka ki leƙo ta. Ba ta ci, ba ta magana."

Hannun Rabha ya tsaya a cikin akushi, sannan ya ci gaba. "Ni ce babba. Ƙafa aka yanke mata, ba shekaru aka ƙara mata ba. Mai son ganina ga ƙofata nan."

"Da wace ƙafar za ta zo, fisabilillahi?"

"Kai ba namiji ba ne? Ba ka da hannu?" Ya juya zai tafi, sai ta ce, ba tare da ta ɗago ba, "Ka riƙa sa mata yaji da yawa. Tun tana yarinya ba ta cin abu salam."

A dawowa bai zagaya ba. Ya bi tsakiyar fili yana ƙirga taku daga dokin ƙofar Rabha zuwa nasa, ya samu casa'in da shida. Ya koma ya sake, casa'in da shida. Masu gahawa suna hangensa daga rumfa, wani ya ce ko tsohon ya yar da haƙorinsa ne yake nema. Da ya shiga gida ya ɗauki alli, ya cika bangon tsakar gida da lissafi har la'asar.

Washegari ya ja amalanke zuwa bayan gari. Ya wuni yana birkita naɗin bel kamar mai zaɓen rago, har ya samu wanda yake so, tsoho mai zare huɗu a ciki, wanda ya yi shekaru yana ɗaukar dutse. Duk wanda ya yi aikin bel ya san tsakiya ce ke ɗaukar kaya, ita ke suɗewa, gefuna kuwa suna nan da kaurinsu kamar sababbi. Tuhami ya buga zaren alli, ya jiƙa wuƙa da ruwan sabulu, ya dinga ja a hankali, don bel ba a yanka shi da ƙarfi, bi ake yi sau goma a layi ɗaya har zaren ciki ya saki. Ya fitar da dogayen yanka uku daga gefe, ya ajiye dama. Ya fitar da uku daga tsakiya, ya ajiye hagu.

Ƙarfen tayar ya samo daga wani mataccen babur. Ya naɗa bel hawa uku a kan kowanne, faɗin tafin hannu, ya fere bakunan hawa-hawa yadda ya saba, ya shafa gam, ya ɗaure da noti ta ciki. Sannan ya yanka gajeru-gajeru ya jera a bayan tayar don ta riƙa cizon yashi. Na gaba kuma ya cire ƙananan nan biyu marasa amfani, ya yanka faya-fayan bel guda takwas ya matse su wuri ɗaya, suka zama taya guda mai kauri. Ba iska, ba faci, ƙaya sai dai ta karye. Kwana tara yana wannan aiki, gidan duk warin gam, Hiniya ba ta ce uffan ba.

Ya kai wa Lazhar don walda. Ya ce a haɗa manyan tayoyin biyu a sandar ƙarfe ɗaya, su riƙa juyawa tare.

Lazhar ya ɗaga gilashin walda. "Sanda ɗaya? Wannan ai tarago ne. Dogo za ka shimfiɗa mata?"

"Haka na saba."

Lazhar ya jera tayoyin a ƙasa, ya tsuguna, ya kanne ido ɗaya. "Mutumina, na hagun nan ya gaza. Da kaurin ɗan yatsa ma. Idan ka haɗa su a sanda ɗaya, ja hagu zai yi ta yi har ya zagayo."

"Walda aka kira ka, ko awo?"

"Ni dai na faɗa."

"Ka faɗa, na ji. Kunna wutarka."

Aka yi gwaji a cikin kwari bayan tasha, da buhun sha'ir a kan kujera. Rabin shagon gahawa ya biyo su, don a garinmu ba a rasa masu lokaci. Kai, keken ya yi abin mamaki! Ya hau tsakuwa, ya taka ƙaya tana ƙaras-ƙaras, ya ratsa yashi bai nutse ba. Har an fara tafi. Sai aka lura Tuhami ya nufi bishiyar da ke gabansa, amma bishiyar tana komawa damansa. Ya tafi, ya tafi, yana lanƙwasa, har ya zagayo ya tsaya a gaban mutanen da ya bari.

Dariya ta ɓarke. Wani har da zama a ƙasa.

"Sannu da dawowa, Baba Tuhami! Ya hanya?"

"Wannan keken ai na masussuka ne, a ɗaura masa jaki!"

"Shekara talatin da ɗaya! Ashe injin ne ke miƙe masa bel!"

Wannan ta ƙarshen ta shige shi. Na ga kunnensa ya yi ja kamar hular. Mutumin da bai mallaki komai ba sai sunan hannunsa, ga shi ana wasa da sunan a cikin kwari. Kalma ɗaya zai faɗa ya wanke kansa, amma kalmar kafin azahar ta shiga kowane gida, har ɗakin da ke da toshasshiyar taga. Ya haɗiye. Ya ce, "Tsufa ne, 'yan'uwa. Ido ya tafi." Lazhar ya ce ya kawo a raba sandar biyu, aikin minti goma ne. Tuhami ya ce sai wani lokaci.

Saura hawa. Washegari da hantsi ya turo keken har gaban Hiniya.

"'Yar Mas'udu, taimako nake nema. Buhun sha'ir ya ƙi gaya min inda keken ke girgiza. Ki hau mu je gindin zaitun mu dawo."

"Ka bar ni, Tuhami."

"Mata duk suna ciki, rana ta yi. Ba mai ganinki. Kwana tara na yi a kansa."

Ta daɗe tana kallon keken. Ta miƙa hannu ta shafa tayar dama, ta shafa ta hagu, ta sake komawa ta dama. Sannan ta ce, "Yadda ka ce." Ya ɗaga ta ya zaunar, ya lulluɓe mata gwiwa da bargo. Nauyinta ya ba shi tsoro, buhun sha'ir ya fi ta.

Itatuwan zaitun suna hannun dama idan ka fito daga gidan. Tuhami ya saita keken ya fuskance su sosai, ya daidaita tayar dama da wani ɗan layin alli da ke dokin ƙofa, ya yi bisimilla, ya tura. Tsakuwa ta yi ƙara a ƙasa. Taku goma, ashirin, keken yana tafiya lafiya lau, yana kuma lanƙwasawa cikin fili a hankali. Zaitun ya fara komawa gefe. A rumfar gahawa an ajiye karta.

"Tuhami," in ji Hiniya a hankali. "Dama."

"Ina ƙoƙari."

Taku arba'in. Yanzu zaitun yana bayansu. A can gaba ga wata tsohuwa zaune a bakin ƙofa da akushi.

"Dama na ce."

"Ya ƙi, 'yar Mas'udu. Kin ga hannuna, shi ke ja na."

"To tsaya."

"Gangara ce, ba ya tsayuwa." Filin nan kuwa a shimfiɗe yake kamar faranti.

"Tuhami!" Muryar ta fara dawowa, har ya ji ta a hannun keken. "Kai kurma ne? Ka juya abin nan! Kai, tsohon banza, mai kan tukunya, ina za ka kai ni? Allah ya haɗa ka da bel a kabari!"

Wayyo, daɗi! Wata huɗu yana jiran wannan. Ya sunkuyar da kai kamar mai jin kunya, ya ƙara wa keken mai, tana zaginsa yana turawa, tana dukan hannun kujera yana turawa, har tayar gaba ta zo ta taɓa akushin Rabha, ƙwas, ta tsaya. Ko faɗin tafin hannu bai kuskure ba.

Rabha ta ɗago, ta ƙanƙance ido.

"Wa nake gani? Idona ba ya gani sosai yanzu."

"Ai ya ga ƙarfen Inna," in ji Hiniya.

To, jama'a, sai wuta ta kama. Abin da aka tara shekara goma sha ɗaya aka zazzage a bakin ƙofar nan. Aka tono ƙarfe, aka tono ɗan kunnen da ya ɓata tun suna 'yan mata, aka tono wadda ta ƙona kuskus ranar sunan Najat.

"Ɓarauniya! A gaban masu ta'aziyya kika sa shi a mayafi!"

"Ni na yi jinyarta wata bakwai, ke kina ina? Kina can kina gadin wannan guntun mijin!"

"Guntun mijina ya fi naki da bai iya ko kafa ƙusa ba, Allah ya ji ƙansa!"

"Amin! Ke kuma ji yadda kika rame, kamar kazar da aka fige. Ba ya ba ki abinci ne?"

"Ina ruwanki? Da na faɗi a ƙofar gida ba leƙowa kika yi kika rufe ƙofa ba?"

Nan muryar Rabha ta karye. "Da na fito, a gaban matan nan, da kin yafe min na gan ki a ƙasa? Na san ki, Hiniya. Ni na goya ki."

Matan unguwa duk sun fito, masu gahawa sun matso har tsakiyar fili. Tuhami ya samu dutse ya zauna, ya cire hula yana fifita, ba wanda ya taɓa ganin ƙoƙon kansa a waje sai ranar. Rabha ta dafa bango ta miƙe, ta shige ciki. Aka ji tana birkita akwati. Ta fito da abu a ƙunshe cikin tsumma, ta jefa a cinyar ƙanwarta.

"Ungo tsiyarki. Shekara uku ban ga zare ba, nauyi kawai yake min a akwati."

Hiniya ta kwance tsumman. Ta juya ƙarfen, ta bi haƙoransa da yatsa ɗaya bayan ɗaya, ta kai inda hannun mahaifiyarsu ya suɗe mariƙin. Hawaye na zuba, amma bakin bai tsaya ba. "Kin bar shi ya yi tsatsa! Ko man zaitun ba ki iya shafa masa ba?"

"Ki shafa da kanki, tunda kin zo." Rabha ta durƙusa da ƙyar, ta lalubi bargon, ta ɗora hannu a kan gwiwar da aka yanke. "Ya yi zafi?"

"Ya yi, Yaya."

Suka rungume juna suna kuka, suna kuma ƙarasa zagin da ya rage. Rabha ta sa aka kawo gurasa da man zaitun da yaji, ta tsaya a kanta sai da ta cinye. Sai wajen azahar Hiniya ta waiwayo ta ce, "Kai, mai kan tukunya, barci kake? Mai da ni gida."

Bai juya keken ba. Ya ci gaba da turawa ta inda ya fuskanta, keken ya lanƙwasa ta ɗaya gefen filin, ya wuce gaban rumfar gahawa. Wani ya ɗaga murya, "Baba Tuhami, a kawo maka dogo?" Hiniya ta nuna shi da ƙarfen, ta gaya masa abin da uwarsa ta yi a bikin wane, mutumin ya shige cikin shago. Keken ya zagayo ya tsaya a kan layin allin nan inda suka tashi.

Tuhami ya share gumi, ya yi murya irin ta mai laifi. "Ki yi haƙuri, 'yar Mas'udu. Kuskure aka samu wajen yanka. Gobe zan kai wa Lazhar a gyara."

Ta juyo ta dube shi, irin duban nan na washegarin aure.

"Kuskure. Kai da ko gurasa ba ka iya yankawa a karkace? Shekara hamsin ina auna zare da tafin hannu, Tuhami. Tun a ɗaki da na shafa tayoyin nan na san na hagu ya gaza na dama da ɗan yatsa. Kuma bangon tsakar gida da ka cika da alli, ka ɗauka makauniya ce ni? Ta ƙofa ina hangensa in na waiga."

Bakinsa ya buɗe. "To, da kika sani, me ya sa kika hau?"

"Da ƙafata dai ba zan je ƙofarta ba, ko da ina da biyun. Amma keke ya karkace, laifin wa?" Ta ɗaga ƙarfen ta auna masa goshi. "Ka taɓa tayar nan, da wannan zan fasa maka kai. Su ci gaba da cewa ka tsufa, ai ka tsufa. Cire min baƙar robar nan daga taga, ka kwashe ƙazamar safarka daga kan masaƙata. Gobe kuma ka fito da ni da wuri, ban gama da waccan ba."

Tuhami ya ce to. Ya ɗaga ta ya kai ta gaban masaƙa, ya ɓamɓare bel ɗin taga, haske ya shigo. Sannan ya koma bayan ɗaki, ya zauna a kan naɗin bel ɗin nan da ya taɓa kuka a kai, yana jin dokan ƙarfe a kan zare daga cikin ɗaki, da muryarta tana tambaya ko mutuwa ya yi da har yanzu bai ɗora shayi ba.